Ranar da Mama Ta Juyo

Kettering,
Lahadi, ƙarshen Oktoba, 1997.

Zuwa ga ƙanena Lionel,

Gaisuwa mai yawa tare da fatan alheri gare ka da iyalinka baki ɗaya. Ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ku cikin ƙoshin lafiya da kwanciyar hankali. Ya jikin Maureen? Allah ya ƙara mata sauƙin gwiwar nan, ka kuma ce mata ta daina hawa tsani tana wanke tagogi, ai ba don ado aka ajiye ka a gidan ba. Hotunan da ka aiko sun iso. Callum ya zama saurayi, Freya kuwa hancin Baba ta ɗauko sak, Allah ya raya su. Kai ma na gan ka da tumbi da wani gemu kamar na tsohon matuƙin jirgin ruwa, na nuna wa maigidana Desmond ya yi dariya har da tari. Ku can New Zealand yanzu kuke shiga ɗumi, mu nan ganye ya gama zuba, yayyafi kullum, rana ba ta daɗewa.

Mu ma lafiya lau, in ban da abin da ba a rasa ba. Desmond yana shan maganin hawan jininsa in na tsaya a kansa, in na juya baya ya manta. Albasarsa ta zo ta biyu a gasar lambu, har yau bai yafe wa alƙalan ba. 'Yarmu Hazel tana Leeds da mijinta, cikinta ya fito, ana sa ran haihuwa wajen Maris, Allah ya sauke ta lafiya. Mama tana cin abinci, tana barci, ƙafafunta ne dai sai a hankali. Sauran labarinta shi ne dalilin wannan doguwar takarda, don haka ka haɗa shayi ka zauna.

Tun da na ga ka rubuta Dorcas a bayan ambulan na san ko dai tsokana ce, ko magana ce mai nauyi. Tun muna yara ba ka kirana da sunan nan sai ka so ka ga na harzuƙa, don ka san duk duniya Dot ake ce mini, kuma Mama da ta nace aka raɗa mini shi ba ta taɓa furta shi da bakinta ba ko sau ɗaya. To, na karanta abin da ka ce game da gidan kula da tsofaffi. Ka ce na gaji, ka ce ciwon mantuwa ba ya komawa baya, ka ce can akwai waɗanda suka san aikin. Ba ƙarya ka yi ba. Na ji haushinka kwana biyu, don mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma na huce. Sun bugo mini waya cewa ɗaki ya samu, suna jiran amsa. Amsata a'a ce, Lionel, kuma ina so ka ji dalili daga farko kafin ka ce na cika taurin kai.

Beryl ce ta jawo komai, maƙwabciyarmu mai bakin nan da ba ya hutawa, ka tuna ta. Matan coci suka shirya fita ta yini ɗaya a bas, a je gidan Marlcote da safe, a ci abincin rana a Stowlode bakin kogi, a dawo kafin duhu. Beryl ta ce in kawo Mama ta sha iska, wai kullum mun kulle ta a gida kamar kwanon gado. Ranar Mama ta tashi da kyau. Ta gane ni, ta ce Dot ki ɗauko mini shuɗiyar kwat ɗina, ta sa hularta da kanta. Ban gaya mata sunan gidan ba, na dai ce za mu je kallon gidan masu kuɗi. Me zai sa in gaya mata? Ni da kai abin da muka sani shi ne tun tana yarinya a masana'antar takalma take aiki har ta auri Baba.

Mai yi mana jagora wani tsohon malamin makaranta ne, Mista Pettifer, dogo, da laima ruwan ɗorawa da yake ɗagawa sama don mu bi shi kamar 'yan tsaki. Tun a mota Beryl ta sa shi gaba, wai ko yana da mata, in ba shi da ita ga ta nan, gwauruwa ce mai gidan kanta da haƙoranta na asali. Ya ce shi da tarihi aka ɗaura masa aure, ta ce shi ya sa ya bushe haka. Mama tana shan alewa tana rera waƙoƙin coci ƙasa-ƙasa, har na ce a raina Beryl ta yi gaskiya. Da muka bar babban titi muka shiga doguwar hanyar nan mai itatuwa dama da hagu, sai waƙar ta tsaya. Na duba, na ga Mama ta cire hula ta ɗora a cinya, ta miƙe zaune, ta haɗe gwiwoyi. Na tambaye ta ko motar ce ta juya mata ciki, ita dai ta zuba wa hanyar ido.

Da muka sauka kowa ya nufi babbar ƙofa, ita kuwa ta ja hannuna zuwa gefen gidan, ta bayan wani shinge. Na ce Mama ba nan ba ne. Ta ce in rufa mata asiri in rage murya, irinmu ba sa shiga ta gaba. Na leƙa bayan shingen don in nuna mata ba komai a wurin, sai ga 'yan matakala sun gangara zuwa wata ƙaramar ƙofa, wadda ba yadda za a yi mutum ya hango ta daga inda muka tsaya. Na ce a raina ai duk irin gidajen nan haka suke. Da ƙyar na lallashe ta muka bi jama'a. A ciki ba ta taka tsakiyar darduma ko sau ɗaya ba, gefe-gefe take bi, kanta a sunkuye. Ana ta ɗaga kai ana kallon hotunan kakannin masu gidan, ita murhu take kallo. A babban falo ta raɗa mini cewa an ɗauke agogon da ke tsakanin tagogin nan biyu. Na duba bangon, sai ga wurin ya fi sauran haske, dogo, daidai tsayin agogo.

Daga nan Mista Pettifer ya buɗe wata ƙofa da aka lulluɓe da koren ƙyalle, ya ce yanzu za mu sauka duniyar 'yan aiki. Lionel, ƙofa ɗaya ce tsakani, amma kamar an shiga wani gari. Babu darduma, babu hoto, sai dutse da sanyi, da wani siririn lungu mai tsawo, ƙararrawa jere a saman bango. Nan ya tara mu ya ba mu labarin dokokin gidan guda biyu. Ta farko, masu gidan ba sa wahalar da kansu da koyon sunan 'yar aiki. Mai share ɗakunan sama Ellen ake ce mata, ko wace ce, in ta tafi wadda ta maye gurbinta ita ma Ellen. Ta biyu, in 'yar aiki ta ji takun wani daga cikin masu gidan, sai ta juya ta fuskanci bango ta tsaya cik har a wuce, ba ta juyowa ko me ya faru, wadda ta juyo ta rasa aikinta. Beryl ta ce da ma an bar dokar nan, da ta sa wa surukarta.

Sai ya rage murya ya shiga labarin da na ga alama shi ya fi so. Wai kafin yaƙin duniya na biyu akwai wata Ellen da aka kora, washegari aka tsinci gawarta a madatsar ruwa ta Stowlode, kuma har yau masu gadi suna jin takunta a lungun nan, wani lokaci su tarar da dutsen a jiƙe. Ya ƙwanƙwasa bango da laimarsa ya ce Ellen, kina nan? ga baƙi na kawo miki. Aka yi dariya. Beryl ta ce in tana nan ta biyo ta gida, guga ta taru mata. Aka ƙara dariya, aka wuce kicin ana kallon tukwanen tagulla. Ni ma na yi dariyar, ba zan ɓoye maka ba. Sai da na miƙa hannu in riƙe Mama na ji ba kowa a gefena.

Na koma lungun da sauri. Tana can tsakiya, fuskarta ga bango, hancinta kusan ya taɓa dutsen, hannuwa a miƙe a gefe, jakarta a ƙasa. Tsohuwar da ba ta iya tsayuwar minti ɗaya ba ta nemi kujera ba, ga ta a tsaye kamar an dasa ta. Hayaniyar mutane ta yi nisa. Ka san ni, ba na cikin masu ganin abubuwa, ni ce nake shiga ɗakin gawayi in ɗauko maka ƙwallo lokacin da kake tsoro. Ba zan ce na ji taku ba, don ban ji ba. Abin da zan iya rantsewa a kai shi ne wani sanyi ya ratsa ta tsakanina da ita, mai warin laka irin na bakin kogi, kuma ɗaya daga cikin ƙararrawar nan tana rawa a hankali ba tare da ta yi ƙara ba. Na ce Mama. Ba ta juyo ba. Na sake cewa Mama, ni ce, zo mu tafi. Ko motsi. Sai na ɗora hannu a bayanta na ce Muriel. Ban taɓa kiran uwarmu da sunanta ba tun da aka haife ni, kuma har yanzu ban san abin da ya sa mini shi a baki ba.

Ta daɗe a haka, sannan ta fara juyowa a hankali, kamar mai tsoron abin da za ta gani. Ta dube ni ido cikin ido, irin kallon da rabon da ta yi mini tun kafin ciwon. Ta ce, Dorcas, ai kin jiƙe sharkaf. Ta warware gyalen wuyanta ta shiga goge mini gashi, tana cewa ga shi na juyo, kin gani, na juyo. Ni kuwa ko ɗigon ruwa babu a kaina, don ranar ma ba a yi yayyafi ba. Na tsaya kamar gunki na bar ta tana gogewa, har Beryl ta leƙo tana neman mu. Ta buɗe baki za ta yi ba'a, ta ga fuskar Mama, ta rufe.

Stowlode yana nan yadda irin garuruwan nan suke, gada ta dutse, shagunan tsofaffin kaya, agwagi suna bin mutane don burodi. Sauran suka shiga gidan cin abinci, ni na sayo mana kifi da soyayyen dankali a takarda, muka zauna a benci kusa da matakalar da ta gangara cikin ruwa. Daga nan ana jin rurin madatsar. Mama ta riƙe hannuna ba ta saki ba, kuma hankalinta a kwance, maganarta a jere, babu ruɗewar nan da muka saba. Sai dai ba da ni take magana ba. Kowace magana da kin tuna take farawa. Kin tuna gadon ƙarfen nan na ɗakin can sama, da yadda kike sa ƙafafuna tsakanin naki don su yi ɗumi. Kin tuna kina ɓoye mini guntun kek a aljihu. Ni dai ina cewa na tuna, don na ga in na yi musu zan fasa wani abu. A haka, guntu-guntu, na haɗa labarin da ba ta taɓa ba kowa ba, ina jin har Baba.

Tana 'yar shekara sha huɗu aka kai ta Marlcote wanke-wanke. Wadda take Ellen a lokacin wata yarinya ce da ta ɗan girme ta, marainiya, sunanta na gaskiya Dorcas. Ita ta riƙe Mama kamar ƙanwa. Wata rana uwar gidan ta kira ta Ellen, ko me ya hau kanta oho, ta ce ranki ya daɗe, sunana Dorcas. Laifin ke nan gaba ɗaya. Aka kore ta a ranar, babu takardar shaida, wadda in ba ka da ita ba gidan da zai ɗauke ka, ga damina, kogi ya cika ya batse. Uwar gidan da kanta ta sauko lungun don ta ga fitarta. Mama tana ɗauke da bokiti ta ji taku, ta juya ga bango yadda aka koya mata. Dorcas ta zo wucewa da akwatinta na kwano, ta tsaya, ta ɗora hannu a bayan Mama ta ce Muriel. Mama ta ce tana jin numfashin uwar gidan a bayanta, ta san in ta juyo tare za su fita, ita kuwa kuɗin aikinta ake jira a gida. Ba ta juyo ba. Ta ji hannun ya ɗauke, ta ji ƙofa ta rufe.

Ko faɗawa Dorcas ɗin ta yi wajen tsallake ruwa, ko wani abu ne daban, Allah kaɗai ya sani, Mama ma ba ta sani ba. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne abin da ya biyo baya. Rigar da aka tsamo ta da ita ta gidan ce, don haka aka dawo da ita, aka wanke, aka ɗan rage tsayinta. Kafin mako ya zagayo aka kira Mama aka ce an ƙara mata girma, daga yau ita ce Ellen. Aka ba ta rigar, aka ba ta sunan. Ta ce mini, tana shafa wuyanta, rigar nan taki ba ta taɓa bushewa a wuya ba, ko na shanya ta gaban murhu. Da sunan ta amsa har ta samu hanyar gudu zuwa masana'anta. Sai yanzu na gane abin da ya sa ba ta taɓa yarda mun je wanka kogi ba, da abin da ya sa in muka fito daga wanka take goge mana kai har sai mun yi kuka. Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, amma wannan ajiya ta yi nauyi ga yarinya ƙarama.

Kafin a tashi Mista Pettifer ya kai jama'a maƙabartar coci don su ga kabarin. Na ce Mama ko za mu je, ta yi dariya ta ce me za ta je kallo a dutse ga ni zaune a gabanta. Na bar ta da Beryl na je ni kaɗai bayan an watse. Ɗan ƙaramin dutse ne a gefen katanga, gansakuka ta ci rabinsa, masu gidan ne suka biya aka sa. Ellen kawai aka rubuta, da shekara. Na tsaya da sunana a baki, na rasa ko addu'a zan yi ko gaisuwa. A ƙarshe na faɗe shi a fili sau ɗaya, na ji kamar na kira kaina daga nesa. Da na gaya wa Mista Pettifer a bakin mota, sai ya naɗe laimarsa ya ce shekara da shekaru yana ƙwanƙwasa mata bango don a yi dariya, bai taɓa tunanin tana da wani suna ba. Mutumin kirki ne, na ji tausayinsa. Beryl kuwa har muka iso Kettering ba ta ce uffan ba, abin da ko a jana'izar mijinta ba a gani ba.

To, tun daga ranar Mama ba ta sake ce mini Dot ba. Na yi zaton kwana ɗaya ne ko biyu, ga shi an shiga mako na biyar. Ta san Desmond, ko da yake wani lokaci tana ɗaukarsa mai kula da lambu, shi kuma yana amsawa da jin daɗi. Ta san Hazel a hoto. Kai kuwa kullum da yamma sai ta leƙa taga ta tambaya ko Lionel ya dawo daga makaranta, wai kada a bar yaron nan ya bi ta bakin ruwa. Ni ce kaɗai babu. Na gwada nuna mata hoton aurena, ta ce wannan yarinya kyakkyawa ce, 'yar wa ce? Na shiga banɗaki na yi kuka mai isata, na wanke fuska na fito. Ba zan yi maka ƙarya ba, abin yana mini ciwo. Ni na zauna, kai ka tafi, amma kai ta riƙe. Ba laifinka ba ne, na dai faɗa ne don ya fita daga raina.

Likita ya ce ciwon ne, wai sabo yana gogewa tsoho ya taso, kuma ganin gidan ne ya tono shi. Na yarda da shi. Saboda maganarka ma na ɗauke ta muka je ganin gidan tsofaffin ranar Laraba. Wuri ne mai tsabta, ma'aikatan suna da fara'a, ba ni da abin zarginsu. Amma dogon lungu ne, Lionel, ɗakuna dama da hagu, ƙararrawa tana ta kiran ma'aikata. Shugabar wurin ta taho daga can ƙarshe da takalma masu ƙwas-ƙwas. Kafin in ankara Mama ta saki hannuna, ta juya ga bango, ta miƙe hannuwa a gefe. Matar ta yi ta lallashi, Mama ko gezau. Da muka isa ɗakin da za a ba ta, sunan matar da ta rasu a cikinsa yana nan a ƙofa, ba a kai ga cirewa ba. Mama ta karanta shi a hankali, ta dube ni ta ce, yanzu wannan zan riƙa amsawa? Na ɗauki jakarta na ce mu tafi gida.

Shi ya sa na ce a'a. In na kai ta can, za ta ƙare kwanakinta tana fuskantar bango, tana jiran hannun da ba zai zo ba, kuma wannan karon ni ce zan zama wadda ta ƙi juyowa. A gida kuwa ba ta yi ko sau ɗaya ba. Abin da take yi shi ne kowace safiya, da na sauko haɗa shayi, sai ta zo da tawul. Ta zaunar da ni a kujerar kicin, ta tsaya a bayana tana goge mini gashi a hankali, tana cewa sannu, sannu, kin sha sanyi. Wani lokaci ta tambaya ko na yafe mata. Ranar farko na ce a raina, wace ce ni da zan yafe a madadin wata? Amma sunan nawa ne, ita ta ba ni shi, ina jin don wannan rana ta ajiye shi. Na ce na yafe, Muriel, ai yarinya ce ke. Ta yi ajiyar zuciya, ta ci karin kumallonta tas. Gobe kuma ta manta, ta sake tambaya, in sake yafewa. Rabon da Mama ta taɓa kaina tun ina firamare, don haka kada ka ɗauka duk wahala ce.

Saura abu ɗaya, kuma kada ka gaya wa Maureen, za ta ce na fara bin sahun Mama. Ni da dare nake wanka, ka sani, da safe kaina a bushe yake ƙayau. Tawul ɗin ni nake ɗauko shi daga kabad, a bushe, in ajiye mata a kan kujera. Amma in ta gama ta miƙo mini, a jiƙe nake karɓarsa. Ba sharkaf ba, damshi dai, da sanyi. Na ce ko hannunta ne, ko tururin buta. Shekaranjiya na kashe butar, na duba hannuwanta, duk da haka. Jiya na miƙa wa Desmond ban ce masa komai ba. Ya taɓa, ya kai hanci ya shinshina, ya dube ni. Mutumin da ke da bayani a kan komai, har da abin da ba a tambaye shi ba, ya je ya shanya shi a kan hitar ɗumama ɗaki ya fita lambu. Ba tsoro nake ji ba, ko in ce ba tsoro kaɗai ba. Ina dai lura da cewa kowace safiya damshin yana ɗan raguwa, kuma ban san abin da zai faru ranar da tawul ɗin ya dawo a bushe ba.

Don haka ga roƙona. Ba kuɗi nake so ba, ba shawara ba. Ka zo. Zumunta a ƙafa take, kuma waya ba ta yi wa Mama amfani, muryar kawai take ji ta rasa fuskar. Ka zo tun tana leƙa taga tana jiranka, ko na wata ɗaya ne, ka shigo ta ƙofar gaba ka ce Mama na dawo. Ɗakinka na da yana nan, Desmond ya ce zai kwashe tarkacensa. Kada ka ce sai bazara, Lionel. Na gaya maka damshin yana raguwa.

Ka gaishe mini da Maureen da kyau da kyau, da Callum da Freya, ka ce musu gwaggonsu tana saƙa musu rigunan sanyi ko da ba sa bukata. Ka gaida surukinka Mista Aldous, Allah ya ƙara masa lafiya. Desmond yana gaishe ka, Hazel ma ta ce a gaida kawunta mai gemu. Beryl ta ce in gaya maka har yanzu tana riƙe da kai a zuci kan tagar da ka fasa mata. Allah ya tsare hanya, ya haɗa fuskokinmu da alheri.

In ka zo, don Allah ka ajiye tsokana a bakin ƙofa. Ka kira ni Dot a gabanta, da ƙarfi, ka yi ta maimaitawa. Ko ba ta gane ba, ni ina so in ji.

Yayarka mai ƙaunarka,
Dot